Rufaffen Gidan Zanzaro

A wani gari da ake kira Gangaren Yumɓu an yi wata maginiyar tukwane mai suna Ladingo. Tsohuwar da ta ba ni labarinta ta rantse ta sha ruwa a tulun da Ladingo ta gina. Ni dai ban sha ba, abin da aka faɗa mini shi nake faɗa muku.

Ladingo gajera ce mai faɗin kafaɗa, mai saurin hannu da saurin fushi. Tulunta ba ya ɓoyuwa a kasuwa, domin tana fitar masa da wuya siriri, ta lanƙwasa leɓensa waje da babban yatsa, ta bar 'yar tsaga guda a gefe don tsiyaya. Kwaɓinta ma daban yake. Sauran mata da ruwan rijiya suke kwaɓa yumɓu, ita kuwa da ruwan makuba, wato jiƙon ɓawon ɗorawa, kamar yadda ta gada a wajen uwarta. Wanda ya ɗanɗana kwaɓin Ladingo da safe, bakinsa na bauri har la'asar.

Ta binne miji, ta binne 'ya'ya huɗu, ya rage mata 'ya ɗaya tak mai suna Ayashe, 'yar shekara bakwai. Ladingo ba ta iya lallashi ba. Sonta duk a faɗa yake fita, amma ko tari yarinyar ta yi sai uwar ta ajiye aiki ta zuba mata ido.

A rumfar da take gini zanzaro ya saba zama. Kun dai san shi: baƙi wuluk, ƙafafu dogaye ruwan ɗorawa suna reto in yana tashi, fikafikai masu ƙyallin shuɗi kamar turkuɗin da ya sha bugu, ƙugu kuwa siriri har ka rasa ta inda abinci ke wucewa. Ba ya tafiya a gungu irin rina ko zuma. Uwa ɗaya ce ke zuwa, ta saci laka a bakin kwaɓin Ladingo, ta manna a jikin azara, ta gina 'yan ɗakuna, ta cusa tsutsa a kowanne ta toshe. Ladingo takan zage ta da ɓarauniya, amma ba ta taɓa korar ta ba.

Wata bazara hangum ya kama Ayashe. Kumatunta suka kumbura har ta kasa haɗiyar kunu, jikinta ya yi zafi rau. Maganin da garin suka sani shi ne ƙasar gidan zanzaro, a jiƙa a shafa. Sai dai akwai ƙa'ida, kuma ko yarinyar da ba ta fara ɗaura zani ba ta san ta: ba a taɓa rufaffen gida. Wanda aka ga huda a jikinsa ake ɓantara, domin mai shi ya riga ya tashi.

Ladingo ta duba rumfa, ta duba bayan rumbu, ba ta ga hudajje ba. Da ta taka zuwa gida na uku daga nata, da ta samu. Amma yarinya na nishi a ɗaki, ita kuma haƙuri bai taɓa zama a jikinta ba. Ta ɗauki muciya ta maka wa gidan da ke jikin azara. Ɗakuna bakwai suka tarwatse, korayen tsutsotsi suka zubo tare da wasu farare masu laushi suna motsi, kaji suka yi musu caa. Tana cikin kwashe ƙasar sai ga uwar zanzaron ta dawo da curin laka a baki. Ta kewaya gurbin sau uku, ta sauka ƙasa inda kaji suka gama, ta tashi ta nufo fuskar Ladingo. Ladingo ta kai mata duka da faifai, fiffiken hagu ya tsage, ta fice a karkace.

Magani ya ci. Kashegari kumburi ya saɓe, Ayashe ta fito tana wasa kusa da tulin kwaɓi. Rana na tsaka, lokacin da mai hankali ba ya barin yaro a waje, sai aka ji wani gurnani kamar ana niƙa a gidaje ɗari. Ladingo ta leƙo daga rumfa ta ga abin da ya daskarar da ita. Zanzaro ce, amma tsayinta ya kai na raƙumi, fiffikenta na hagu a tsage. Ta lanƙwaso ƙugun nan ta sa wa Ayashe ƙari a ƙeya sau ɗaya. Yarinyar ta sandare, idonta a buɗe, ko ihu ba ta yi ba. Halittar ta rungume ta a ƙarƙashin ciki, ta yaɓo kwaɓi kamar cikin turmi guda, ta tashi da ƙyar ta faɗa ramin da matan garin ke haƙar yumɓu.

Ladingo ta bi ta da gudu ba ɗankwali. Rami dai rami ne, ba kowa a ciki sai zafi.

Aka taru ana salati. A cikin taron akwai Iya Tsahara, ungozomar da ta yanke wa rabin garin cibiya. Ta ja Ladingo gefe ta ce, "Rufaffe kika fasa ko?"

"Iya, yarinyar ce ba ta ko haɗiyar yawu."

"Ban tambaye ki dalili ba. Nawa ne a ciki?"

"Bakwai."

Tsohuwar ta kama haɓa. "To, saurara. Da zuma kika yi wa laifi, da sai a je gaban sarkinsu a ba da haƙuri. Da gara ce, tana da uwar gida. Zanzaro ba shi da sarki, ba shi da dangi, ba mai sa baki. Wadda kika cuta ita kaɗai za ki nema. Mun taso mun ji ana cewa zanzaro ba ya haihuwa, tsutsa yake rufewa ta rikiɗe ta zama ɗansa. Ina jin 'ya take so ta mayar da taki."

Ta ɗebo curi daga ragowar kwaɓin ta danƙa mata. "Da wannan da ɗakin da aka rufe Ayashe kwaɓinsu ɗaya. Ranar da ya bushe har tsakiya, aikin gama ya gama. Kada ki ɓata lokaci kina jiƙa shi, ba a yi wa irin wannan wayo. Gobe in rana ta take tsaka ki sauka ramin nan, ki rufe ido, ki yi ta tafiya."

Haka Ladingo ta yi. Ta ƙulle curin a bakin zani, ta sauka, ta rufe ido. Ramin da bai fi gaba biyu ba sai ga shi ta yi ta tafiya a cikinsa har ƙafafunta suka yi nauyi. Da ta buɗe ido ta gan ta a wata ƙasa fetal, rana a kafe a tsakiyar sama ba ta gaba ba ta baya. Ta duba ƙasa ba ta ga inuwarta ba. Tsoro ya kama ta ƙwarai, amma abu ɗaya take riƙe da shi a zuci: ko ta makara, Ayashe dai za ta rayu, ko da a jikin zanzaro ne.

Ta yi ta tafiya har ta iso bakin wani kogi mai kauri, ruwansa ja, ba a hango ɗaya gaɓar. Gefensa cike da zanzaro manya-manya, kowace ta duƙufa tana cura laka, ba mai kallon 'yar'uwarta. Sai gaɓar ta motsa, wani aljani ya miƙe daga cikin taɓo. Jikinsa duk laka ne, tana zuba tana komawa, idanunsa ƙwanson kawa biyu.

"Ya ke 'yar Adam, me ya kawo mai jini ƙasar da ba a kwana?"

Ladingo ta durƙusa. "Ranka ya daɗe, uwar zanzaro nake nema. Ta ɗauke mini 'ya."

"Ni ne Mai-Laka, kuma duk zanzaron duniya a hannuna yake ɗiba. Wace daga ciki? Daga bakin kurmin kudu har gefen hamada inda rijiya ke gaba arba'in, babu inda ba su. Duk wurin da ruwa ya taɓa ƙasa, ko ɗigon gindin randa ne, suna zuwa. Suna gini a rumbu, da kogon kuka, da ƙarƙashin fa, da hannun rigar da aka manta a rataye. Rairayi zalla ba ya riƙe su, dausayin da ba ya bushewa ma haka. Inuwa suke so busasshiya, da laka a kusa. Wace taki?"

"Fiffikenta na hagu a tsage yake."

"Wa ya tsaga shi?"

Ta sunkuyar da kai. "Ni ce."

Mai-Laka ya ce, "Da kin yi ƙarya da kin zama gaɓar kogi. Ki sani, kowane gidan zanzaro da ke duniyarku yana da ɗan'uwansa a jikin Dutse Mai Ƙuraje, can hayin ruwan nan. A can 'yarki take. Babu jirgi a ƙasar nan, babu wuta. An ce ke maginiya ce. Gina abin da za ki haye."

Ɗanyen yumɓu a ruwa! Ko mahaukaci ya san ƙarshensa. Amma Ladingo ta zage ta gina randa wadda za ta ɗauki mutum. Ta taɓa gefenta ta ji ya yi tauri, ta ƙwanƙwasa curin da ke bakin zaninta ta ji ya fara amsawa, sai tsohon halin ya motsa. Ta tura randa ruwa tun cikinta bai sha iska ba. Ko taku goma ba ta yi ba gindin ya zube, ta faɗo, matsattsaku masu kaurin taɓarya suka manne mata a ƙafafu. Da ƙyar ta rarrafo gaɓa tana ɓamɓare su, jini na bin sawunta.

Mai-Laka ya ce, "Haka kika fasa gidan ma, ina tsammani."

Maganar ta fi matsattsakun ciwo. Ta sake gini. Wannan karon ta zauna ta jira, tana goge jikin randar da tsakuwa mai santsi, ciki da waje, har ya rufe yana sheƙi. Zaman nan ya fi mata komai wuya, don tana ji a jikinta curin na bushewa. Sai da randar ta yi ƙara kamar ƙwarya sannan ta shiga, ta yi tuƙi da ɓawon itace. Ruwa ya yi ta cin gindin a hankali. Tana ji yana laushi a ƙarƙashin tafin ƙafarta, bakunan matsattsaku na goga ta waje. Randar ta narke daidai lokacin da hannunta ya kama ciyawar hayi.

Daga nan ta shiga wani fili fari fat. Ta zaci ƙaiƙayi ne aka sheƙe, ashe ƙwanson tsutsotsi ne da na fara, ba ciki sai fata, suna ruɓushewa a ƙarƙashin ƙafa. Iska na bi ta cikinsu tana kuka. A tsakiyar filin ta tarar da mutum zaune, da hularsa da gemunsa. Ta yi sallama bai amsa ba, sai da iska ta taso ta shiga ta wata huda a ƙirjinsa ta fito ta baki.

"Wa alaikumus salam, baiwar Allah. Kada ki matso da ƙarfi, ina iya tashi sama."

Ta leƙa hudar ta hango bayan rigarsa. Babu komai a cikin mutumin, fanko ne.

"Malam, me ya same ka?"

"Masunci ne ni. Na gano 'ya'yan zanzaro sun fi tsutsar tana kama kifi, na dinga fasa gidajensu ina sa wa ƙugiya. Wata rana da tsakar rana aka zo aka ɗauke ni."

Ladingo ta ce, "Amma an ce wanda suka rufe rikiɗa yake ya zama ɗansu."

Iska ta yi wani sauti a cikinsa, ta gane dariya ce. "Haka mutane ke faɗa don ba su taɓa kwana a ciki ba. Zanzaro na haihuwa sarai. Ƙwai take ratayewa a rufin ɗakin, mu kuwa abinci ne. Harbin nan ba ya kisa, don kada nama ya ruɓe. Kana ji, kana gani, ba ka motsi. In ƙwan ya fashe, ɗan ya sauko ya fara ta inda ba za ka mutu da wuri ba. Zuciya ita ce lomarsa ta ƙarshe."

Ɗan abin da Ladingo take rarrashin kanta da shi tun daga gida ya tafi. Ta kwance curin ta ƙwanƙwasa a kunne. Maginiya na jin danshi da kunne yadda mai tuwo ke jin gishiri da harshe, ta ji saura kaɗan a can tsakiya. Ta zabura za ta ruga.

"Baiwar Allah," in ji masuncin, "shekara nawa iska ke wasa da ni ban sani ba. Ki rufe ni da ƙasa."

Ta tsaya. Zuciyarta na ce mata ta wuce, kuma wallahi da ta wuce ba zan zarge ta ba. Amma ta dawo ta tona rami da yatsu, ta ɗauke shi, bai fi nauyin faifai ba, ta kwantar. Kafin ta tura ƙasa iska ta bi ta cikinsa karo na ƙarshe.

"Ɗaki ɗaya za a bar ki ki fasa. In kika fasa na wata, ke ma kin zama abinci. Kada ki yarda da idonki, rana ta mayar da su duka kala ɗaya."

Dutse Mai Ƙuraje ya tokare sama, jikinsa duk gidajen laka, dubu bisa dubu, kowanne ya kai girman rumbu. Zanzaro na shiga da fita, kowace da harkar gabanta. A gindin dutsen Ladingo ta ga wadda take nema. Tana kwance a kan fa, fiffiken hagu ya ƙarasa yagewa saboda nauyin da ta ɗauko, ƙafafun nan masu ruwan ɗorawa sun dusashe.

"Kin iso, mai muciya," in ji Uwar Zanzaro.

Ladingo ta zube. "Ranki ya daɗe, na yi laifi. Ciwon 'ya ne ya rufe mini ido."

"Ni ma shi ya rufe mini. Kwana ashirin ina jigilar laka, cure ɗaya bayan ɗaya. Ba ni da miji a gefe, ba ni da maƙwabciya mai riƙe mini. Ɗaki bakwai, kajinki suka gama da su kafin in sauke abin da ke bakina. Ba zan nuna miki ɗakin ba. Nemo shi."

Ladingo ta ɗaga kai. Gaskiyar masunci, duk sun yi fari-fari iri ɗaya. Sai ta tuna da yaɓen da aka yi wa kwaɓinta. Ta kama dutse ta fara hawa, duk ɗakin da ta iso ta sa harshe ta lasa. Ta ɗanɗani jar ƙasar kudu mai ƙarnin ƙarfe, ta ɗanɗani baƙar lakar fadama, da farar ƙasar bakin gulbi, da mai gishiri-gishiri ta gefen hamada. Harshenta ya tsage, leɓunanta suka fashe, tana tofar da jini tana ci gaba. Sau biyu ƙafarta na zamewa. Can sama, a wani lungu ƙarƙashin fa inda rana ba ta bugu sosai, ta lasa wani sabon gini sai bakinta ya ɗaure da bauri. Makuba ce, kwaɓin uwarta.

Ta sa dutse ta fasa murfin a hankali. Ayashe na jingine a ciki, a sandare, idonta a buɗe, hawaye ya bushe a kumatunta. A saman kanta wani farin ƙwai kamar gora yana reto a jikin zare, abin da ke cikinsa yana motsi. Ladingo ta jawo 'yarta waje ta rungume, jikin kamar itace. Ta juya ta ɗaga dutsen nan a kan ƙwan.

"Fasa," in ji wata murya a bayanta. Uwar Zanzaro ce ta jawo jiki ta hawo. "Ki cika takwas. Shi ne na ƙarshe a cikina, kuma ba zan sake tashi ba. Sai dai dafin da ke jikin 'yarki ni kaɗai ke iya zuƙe shi. Ki kai ta gida haka, ki jingine ta a bango, ta yi ta kallon ki har ki mutu."

Ladingo ta dubi ƙwan, ta dubi tsagaggen fiffiken da ita ta tsaga. A karo na farko ta ji kunya ta fi fushinta yawa. Ta ajiye dutsen.

"Me kike so?"

"Ɗana zai fito da yunwa, ni kuma ba na iya farauta. Ba a barin ɗaki ba abinci."

"To, ga ni. Ki saki yarinyar, ki rufe ni."

"Ban ce duka ba, ɗana ba mai haɗama ba ne. Hannun da ya riƙe muciya nake so, daga yatsu zuwa kafaɗa. Dafina ya ƙare, ba abin da zai kashe miki zafi. Ki sa shi ciki, ki toshe da kanki, ki tsaya. In kika fizge kafin ya ƙoshi zai mutu, dutsen nan kuwa ba zai sake ku ba. Kin iya tsayawa, mai gaggawa?"

Hannun dama ke nan, wanda ke fitar da wuyan tulu, wanda ke ciyar da su. Ladingo ta dube shi kamar yau ta fara ganin sa. Ta ce, "Zuƙe dafin tukuna."

Uwar Zanzaro ta sa baki a ƙeyar Ayashe. Yatsun yarinyar suka motsa, ta ja numfashi, ta ce, "Inna." Ladingo ta kau da kai, don in ta amsa ba za ta iya abin da ke gabanta ba. Ta zura hannunta cikin ɗakin har kafaɗa. Ta kwance curin da hagu, ya bushe ƙamas. Ta gutsura da haƙori, ta tauna shi da yawu da jinin bakinta yadda zanzaro ke yi, ta dinga liƙawa har ta toshe kewayen kafaɗarta ba ko kafar iska. Tana shafe liƙi na ƙarshe ta ji zaren ya tsinke a ciki, wani abu mai sanyi ya sauko mata a tafin hannu.

Ba zan ba ku labarin zafin nan dalla-dalla ba, ni ma da aka ba ni sai da na ce a tsallake. Ta ɗan yatsa ya fara. Ladingo ta ga in ta buɗe baki ihu zai fito, in ta yi ihu jikinta zai fizge da kansa. Sai ta daka wa 'yarta tsawa.

"Ke, juya mini baya ki zauna! Ki buɗe kunnenki. Yumɓun gabas da rami ake ɗiba, ban da na sama, yashi gare shi. Maimaita!"

"Ban da na sama, Inna," in ji Ayashe tana kuka.

"A shanya, a daka, a tankaɗe. Ɓawon ɗorawa kwana biyu yake a ruwa. Kar ki kuskura ki juyo! Maimaita!"

Haka ta yi ta karanta mata sana'ar tun daga haƙa har gashi, yadda ake jera tukwane a rami, da irin karan da ake rufawa, da yadda ake gane wuta ta isa. In ta kai ƙarshe ta koma farko. Gumi ya jiƙe zaninta, muryarta ta dushe har ta koma raɗa, ƙafafunta dai ba su gusa ba. Rana na nan a kafe, ba wanda ya san kwana nawa aka yi. Abu ɗaya ne ta kasa faɗa, shi ne yadda ake fitar da wuyan tulu. Ta buɗe baki ta rasa kalmar, domin wannan a yatsa yake, ita ma kallon hannun uwarta ta yi ta iya.

Can sai motsin ya tsaya. Ladingo ta ja jiki baya ta faɗi zaune. Babu hannu, kafaɗar ta rufe da yumɓu kamar an shafe bakin tukunya, ɗakin kuma ya toshe kansa. Uwar Zanzaro na kwance a gefe ƙafafu a naɗe, ta riga ta mutu, kanta na fuskantar ɗakin. Kusa da ita dutsen ya tsage. Ladingo ta kama 'yarta da hagu suka kutsa, suka fito ta bangon rumfarta, kaji na kiwo a tsakar gida. A jikin azara, daidai gurbin da ta fasa, ga ɗan ƙaramin gida ɗaya a rufe.

Ta tsare gidan nan kamar jariri. Ta hana a yi shara a rumfar har ranar da ta ga huda a jikinsa.

Rayuwa ta yi musu tsanani. Ayashe ba ta ƙara yarda ta zauna a ɗakin da aka rufe ƙofarsa ba, kuma ko ƙuda ya yi ƙara kusa da ita sai ta ƙanƙame jiki. Ta riƙe duk abin da aka karanta mata a kan dutse, kwaɓinta ya yi kyau, tukwanenta ba sa fashewa a wuta. Amma tulunta ba wuya, dunƙulalle kamar kabewa. Matan kasuwa su ɗaga su ajiye, su ce, "Allah sarki, hannun Ladingo ya tafi da abinsa." Ladingo ta gwada nuna mata da hagu, ya fito a karkace. Ta yi faɗa, ta yi zagi, ta koma bayan rumbu ta yi kuka inda ba mai ganin ta.

Da bazara ta zagayo, wata safiya suna rumfa sai ga zanzaro ta shigo, baƙa wuluk, sabuwa, fikafikanta na ƙyalli. Ta sauka a bakin kwaɓi ta cura laka ta kai jikin azara. Ayashe ta yi tsalle ta rarumo tsintsiya.

Ladingo kuwa ginin take kallo. Ba dogon ɗaki irin na sauran zanzaro ba ne. Gindi ne zagayayye, ciki ya buɗe ya tsuke, ga wuya siriri yana tasowa. Zanzaron ta kewaya bakin tana lanƙwasa leɓen waje, ta tsaya a gefe guda ta danna 'yar tsaga.

"Ajiye tsintsiyar nan," in ji Ladingo.

"Inna, ita ce fa!"

"Na ce ajiye. Hannuna ne yake aiki." Ta jawo yarinyar da hagu ta zaunar da ita a gabanta, ta tura mata curin yumɓu. "Buɗe idonki ki kalli yadda ake fitar da wuya."